Kafin A Ƙona Tifa, A Kai Ta Gaban Alƙali

Akwai wata magana da ta zama ruwan dare a bakin mutanen Tamale duk lokacin da famfo ya ƙafe, wato a kama tifofin yashin nan a cinna musu wuta kowa ya huta. Ina jin ta daga bakin masu kiran waya a shirina na rediyo, ana yin ta a majalisun shayi na Zango da Aboabo da Sabonjida, har masu ilimin boko da ya kamata su ja hankalin sauran suna yin ta. Idan kuwa aka ji wani mai tifa ya ɗauki lauya ya nufi kotu don a sakar masa motarsa, sai a ce dubi marar kunya, ya ɓata mana ruwa kuma yana neman shari'a. Ni ra'ayina ya saɓa da wannan, kuma zan faɗe shi ba tare da kwana-kwana ba: duk mai son Farar Volta ta rayu, ya kamata ya yi murna idan maganar tifa ta je gaban alƙali, ya kuma ji tsoro idan aka gama ta a bakin kogi ko a harabar ofishin 'yan sanda.

Bari in fara ba kogi haƙƙinsa, don kada wani ya ce masu yashi ne suka saye ni. Ruwan da Tamale ke sha daga Farar Volta yake zuwa, kogin da ya taso daga Burkina Faso inda suke kiransa Nakambe. A Nawuni ake zuƙo shi, a tace shi a Dalun cikin gundumar Kumbungu, sannan a turo shi gari, tafiyar kusan kilomita 40. An gina matatar Dalun a 1972, aka faɗaɗa ta a 2008 har ta kai ƙarfin tace kimanin lita miliyan 45 a rana. Abin da garin ke buƙata yanzu ya kusa ninka wannan. Shi ya sa ake rabon ruwa unguwa-unguwa, shi ya sa mata da yara ke yawo da jarkokin nan masu ruwan ɗorawa da muke kira galan ɗin Kufuor, shi ya sa mai tankar ruwa ya zama mutum mai daraja a gari.

A kan wannan ƙarancin ne ɗibar yashi take ƙara gishiri a miki. Idan katafila ta shiga gaɓar kogi tana kwasa, ruwa yana gurɓacewa da laka. Laka tana taruwa a bakin bututun da ke zuƙar ruwa, tana cin injina, tana toshe matatai. Dole a ƙara alam da sauran magunguna, kuma ruwan da ake zubarwa wajen wanke matatai ya ƙaru, wanda ke isowa gari ya ragu. Gaɓar da aka ƙwaƙule ƙarƙashinta tana zabtarewa, bishiyoyin da ke riƙe da ita su faɗi, sannan idan damina ta yi nisa aka buɗe madatsar Bagre ta Burkina Faso, ruwa ya sami hanya ya haye gonakin masara da shinkafa. Kamfanin Ruwa na Ghana ya daɗe yana kuka a kan wannan, kuma kukansa gaskiya ne. Wanda ya manta abin da rashin ruwa ke jawowa ya tuna Savelugu a 2007, lokacin da matsalar ruwan famfo ta mayar da mutane ga ruwan tafki, kurkunu ya kwantar da yara da manya. Sai a 2010 aka ga ƙarshen cutar a Ghana, sai a 2015 Hukumar Lafiya ta Duniya ta tabbatar mun rabu da ita. Babu mai hankalin da zai yi wasa da ruwan sha. Saɓaninmu a kan hanyar kare shi ne.

Ai mun gwada wuta, mun ga iyakarta. A watan Maris na 2018, jami'an rundunar Operation Vanguard, wadda aka kafa a 2017 don yaƙi da haƙar zinariya ba bisa ƙa'ida ba, suka dira a Afayili kusa da Dalun, suka ƙona tifofi 14 da katafila guda. Ɗan majalisar Kumbungu na lokacin, Ras Mubarak, da Haruna Iddrisu, wanda ke jagorantar marasa rinjaye a majalisa a lokacin, suka yi tir da abin. Gwamnati ta kare kanta da cewa ruwan Tamale take ceto. To, ina tambayar masu cewa a ƙona: bayan hayaƙi ya lafa, an daina ɗibar yashi a Nawuni? Famfunan Kukuo da Vittin sun fara zuba dare da rana? Shekaru sun shuɗe, kukan Kamfanin Ruwa bai canja ba. Abin da wutar ta cinye shi ne jarin wasu iyalai da abincin direbobi da yaran mota, tare da duk wata shaida da za a iya kai wa kotu don a gano su wa ke bayan harkar.

Abin takaicin shi ne doka tana nan, kuma ba ta da rauni. Sashe na 257(6) na Tsarin Mulkin 1992 ya ce duk wani ma'adini da ke cikin ƙasa ko kogi ko rafi mallakar Jamhuriyar Ghana ne, yana hannun shugaban ƙasa a matsayin amana ga jama'a. Dokar Ma'adinai ta 2006, mai lamba 703, ta sa yashi da tsakuwa cikin ma'adinan masana'antu, don haka ɗibarsu don sayarwa sai da lasisi ta hannun Hukumar Ma'adinai, ga kuma izinin Hukumar Kare Muhalli. Yardar mai ƙasa ko sarkin gari ita kaɗai ba ta zama lasisi. Akwai ma manufar ƙasa ta 2011 da ta ce a bar fili a gefen koguna ba a taɓa shi. An gyara dokar ma'adinan a 2015, aka sake gyara ta a 2019 da doka mai lamba 995, wadda ta kai hukuncin ɗan ƙasa mai haƙa ba lasisi zuwa ɗaurin shekara 15 har 25.

Yanzu mai karatu ya lura da abin da dokar ta ce a yi da kayan aiki. Idan an kama mutum bisa zargi, a riƙe kayan a hannun 'yan sanda. Idan kotu ta same shi da laifi, kotun ce za ta ba da umarnin ƙwace su su zama na gwamnati. Daga nan minista yana da kwana 60 ya miƙa su ga wata ma'aikatar gwamnati, a kuma buga a jaridar gwamnati kowa ya gani. Mataki uku ke nan: kamu, shari'a, ƙwacewa. Babu ashana a ciki, babu ajiye mota har abada ba tare da tuhuma ba, babu kuma sasantawa a bayan ofis. Tifofi 14 da aka mayar toka a Afayili, da an bi doka an same su da laifi, da yau suna kwasar shara ko suna kai tsakuwa hanyoyin ƙauye. Wanda aka ba amanar doka shi ya fara tsallake ta, mai dokar barci ya ɓuge da gyangyaɗi.

Saboda haka mai tifar da ya je kotu ba bara ya je yi ba. Sashe na 18 na Tsarin Mulki ya ba kowa 'yancin mallakar dukiya. Sashe na 19 ya ce mutum ba mai laifi ba ne har sai an tabbatar ko ya amsa da bakinsa. Sashe na 23 ya wajabta wa jami'an gwamnati yin aiki da adalci da hankali bisa doka, ya kuma ba wanda suka cutar damar neman haƙƙinsa a kotu. Sashe na 33 ya buɗe masa ƙofar Babbar Kotu. Tambayoyin da lauyansa zai yi masu sauƙi ne: wa ya kama motar, da wane iko? A ina aka kama ta, a cikin kogi tana lodi ko a kan kwalta tana tafiya? Daga wane rami yashin ya fito, mai lasisi ko marar lasisi? An rubuta abin da aka kama? An tuhumi wani? Idan hukuma tana da amsa, ta kawo, alƙali ya ƙwace motar kowa ya shaida. Idan ba ta da amsa, da wane dalili take riƙe da dukiyar mutum?

Sashe na 14 ya ce wanda aka kama a kai shi kotu cikin awa 48 ko a sake shi. Direba yana da wannan agogon, motarsa ba ta da shi. Sai a saki mutum, a bar tifa tana shan rana da ruwan sama wata da watanni, tayoyi su sace, batir ya yi ƙafa, injin ya daskare, alhali bashin da aka sayo ta da shi yana ta hauhawa. An hukunta mai ita ke nan ba tare da an karanta masa laifinsa ba. Kuma a ganina tsananin hukuncin 2019 ya ƙara dagula lamarin. Wane mai gabatar da ƙara ne zai so ya tura yaron mota gidan yari shekara 15 a kan lodi ɗaya na yashi? Da yake kowa yana jin nauyin kai maganar kotu, sai kamun ya koma ciniki: a riƙe mota, a jira mai ita ya zo da wani babba, a yi magana, a saki. Gobe ta koma kogi, don mai ita ya riga ya gane cewa kamu wani kuɗin hanya ne da ake lissafawa cikin farashin yashi. Wanda ke biya a ƙarshe shi ne talakan da ke sayen bulo.

Kada a ce zato nake yi a kan abin da ke samun kayan da aka kama ba rubutu ba shari'a. A farkon 2020 ƙasar nan ta ɗauki zafi a kan rahoton ɓacewar ɗaruruwan katafilolin da aka kama daga masu haƙar zinariya a kudu. Katafila fa, ba allura ba. A 2021 kuma sojoji suka koma ƙona su, har shugaban ƙasa na lokacin, Nana Akufo-Addo, wanda shi kansa lauya ne, ya ce duk wanda yake ganin an saɓa doka ya tafi kotu. Na yarda da rabin maganarsa, kotu ce wurin. Sai dai an juya tsarin. Gwamnati ce ya kamata ta kai ɗan ƙasa kotu kafin ta hukunta shi. A ƙona maka dukiya sannan a ce ka je ka kai ƙara, kamar a yanka maka akuya ne a miƙo maka igiya a ce ka je ka nemi shaidu. A farkon 2025 Shugaba John Mahama ya ce a daina ƙonawa, a riƙa kamawa. Madalla. Amma kamun da ba ya kaiwa ga alƙali ƙonawa ce a hankali, tsatsa ce kawai ta maye gurbin wuta.

Ga kuma babbar tambaya: me ya sa kullum tifa? Tifa ba ta tuƙa kanta zuwa kogi, kuma ba ta cin yashi. Kafin ta iso akwai wanda ya ba da gaɓar ya karɓi kuɗi. Akwai mai katafilar da ke lodi. A wurare da dama akwai tikitin da ake yanka wa kowace mota da sunan kuɗin shiga. Akwai shingayen da take wucewa da rana tsaka, yashi yana ɗiga ruwa a kan titi. Sannan akwai mu. Ƙidayar 2021 ta nuna cikin birnin Tamale akwai mutum sama da 370,000, Sagnarigu da ke manne da shi sama da 340,000. Kowane ɗaki da aka ɗora, kowane masallaci da makaranta da kwalbati, da yashi aka yi shi. Gadar sama da aka buɗe a tsakiyar gari a 2022 ba da garin masara aka kwaɓa simintinta ba. Mutumin da ya kira rediyo da safe yana cewa a ƙona tifa, da yamma shi ne ke waya yana faɗa don an yi masa jinkirin lodi biyu a filinsa. An bar jaki ana dukan taiki. Ana kama tifa ne don ita ce ake gani, kuma direbanta ba shi da kowa.

A nan ne amfanin kotu ya fi fitowa. A gaban alƙali direba zai faɗi wanda ya aiko shi, mai mota ya faɗi wanda ya biya, a nemi rasit, a kira mai ƙasa, a tambayi jami'in da ya ga motoci suna wucewa shekara da shekaru bai ce uffan ba. Komai zai shiga rubutu, 'yan jarida mu karanta wa jama'a. Shari'a ɗaya da aka bi har ƙarshe za ta fi ƙona mota hamsin tsorata masu harkar. Ina ma zargin shi ya sa wasu ba sa son a je can. Wuta ba ta kiran shaidu.

Na san abin da za a ce: kotu tana da jinkiri, kogi kuwa ba zai jira ba. Gaskiya ne shari'a tana jan ƙafa a ƙasar nan. Amma doka ba ta hana a dakatar da ɓarna yau-yau ba. A rufe ramin, a sa masu gadi, a kama katafilar da aka samu a cikin ruwa, a ja ta zuwa ofis. Abin da ake nema shi ne bayan kamun a shigar da ƙara. Idan kotu na jinkiri, a gyara kotu: a ware alƙali a Tamale da zai riƙa sauraron irin waɗannan ƙararraki cikin makonni. Gyara kayanka ai ba ya zama sauke mu raba. Wasu kuma za su ce masu tifa suna da kuɗin lauya, za su saye shari'a. To, wanda zai iya sayen shari'ar da ake yi a bainar jama'a, ana rubutawa, ana iya ɗaukaka ƙara, yaya kake gani zai yi da cinikin da ake yi a ɗaki ba shaida?

Ba mu kaɗai ke fama da wannan ba. Hukumar Muhalli ta Majalisar Ɗinkin Duniya ta ce duniya tana amfani da yashi da tsakuwa kimanin tan biliyan 50 a shekara, bayan ruwa babu abin da ake kwasa kamarsu. Indiya, inda rikicin yashi ya kai ga kisa, Kotun Ƙolinta ta yanke a 2002 cewa bai dace a bar motocin da aka kama suna ruɓewa a ofisoshin 'yan sanda ba: a ɗauki hotonsu, a rubuta bayanansu, a karɓi jingina, a ba mai su har a gama shari'a. Kotun dai ita ce a 2012 ta wajabta izinin muhalli ko da a ƙananan ramukan yashi. Kotu ɗaya ta kare mai mota, ta kuma kare kogi. A Kenya, gundumar Makueni ta yi dokarta ta yashi a 2015, ta kafa hukumar da ke ba da izini da tsara inda za a ɗiba tare da mutanen ƙauyuka. Ba su hana gini ba, sun dai sa wa harkar linzami.

Ku kuma masu tifa da ƙungiyoyinku, 'yan'uwana, ga taku. Na kare haƙƙinku na zuwa kotu, ban kare shigarku kogi ba. Ko da ɓera da sata, daddawa ma da wari. Wanda ya san ramin da yake ɗiba ba shi da lasisi, ya san yana dab da inda ake zuƙar ruwan da 'ya'yansa za su sha, ya kuma ci gaba, idan alƙali ya ƙwace motarsa ba zan zubar masa da hawaye ba. Ku nemi takarda a kan kowane lodi. Ku ƙi ɗaukar yashin da ba a san asalinsa ba. Idan an kama mota, ku daina bin dare kuna neman wanda zai sa baki, don kowane sulhun bayan fage shi ke sayo kamun gobe. Ku tafi kotu, ko ku kai kuka ga hukumar kare haƙƙin ɗan Adam ta CHRAJ, wanda ba shi da ƙarfi ya nemi Hukumar Taimakon Shari'a. Wanda ya shiga kotu ya yarda ke nan a bincike shi shi ma.

Abin da nake nema daga hukumomi bai fi ƙarfinsu ba. Na ɗaya, a fitar da wuraren da aka yarda a ɗebi yashi, nesa da Nawuni, a sanar a rediyo da Dagbanci da Hausa da Turanci, domin hana mutum hanya ba tare da nuna masa wata ba neman rigima ne. Na biyu, kowace mota ta riƙa tafiya da takardar da ke nuna ramin da ta fito. Na uku, duk motar da aka kama a ba direba rasit mai suna da kwanan wata, a kuma ƙayyade kwanakin da za a shigar da ƙara ko a sake ta. Na huɗu, a kai tuhuma har kan wanda ya sayar da gaɓar kogi da ɗan kwangilar da ya saya, komai rawaninsa, komai jam'iyyarsa. Na biyar, majalisa ta sake duba hukuncin, ta bambanta yaron mota da mai katafila goma. Na shida, a cika alkawarin ruwa. A 2020 aka yi bikin fara sabon aikin ruwan Tamale da zai ɗebo daga Yapei, mai ƙarfin lita miliyan 135 a rana, aka yi jawabai, aka tafa. Da ruwan nan ya iso a lokacin da aka faɗa, da fushin mutane bai kai su ga neman a ƙona dukiyar maƙwabtansu ba. Tifa ta zama abin huce haushi, ana nuna mana ita don kada mu tambayi ina aikin ya kwana.

Mai karatu, ko da ba ka da tifa, maganar nan taka ce. Ikon da aka ba jami'i ya kama ya hukunta shi kaɗai ba ya tsayawa a kan yashi. Yau tifa ce, gobe babur ɗinka ne, jibi kayan da matarka ta kasa a bakin kasuwa. Idan ka ga gemun ɗan'uwanka ya kama da wuta, shafa wa naka ruwa. Mu nemi a kare Farar Volta da dukan ƙarfin doka, mu kuma nemi kowace mota da aka kama ta ga fuskar alƙali.

Allah ya ba mu ruwa mai albarka, ya ba shugabanninmu ikon yin adalci.